Da Izinin Wa Ɗan Wasa Yake Kwaikwayon Manya? Dandalin Hausa da na Faransa

Ya zama al'ada a azuzuwanmu, in aka zo tarihin wasan kwaikwayo, a fara da littafin Six Hausa Plays wanda R. M. East ya fitar a shekarun 1930, sa'an nan a gangaro kan Wasan Marafa na Alhaji Abubakar Tunau, mutumin Talata Mafara, wanda aka buga a 1949. Wasannin gargajiya kuwa sai a jero sunayensu a wuce, kamar dai share fage ne kawai. Wannan jeri ba ƙarya ba ne, amma yana ɓoye wata tambaya wadda ita ce ƙashin bayan tarihin kowane dandali, watau da izinin wa talaka yake tashi a bainar jama'a ya kwaikwayi wanda ya fi shi, a yi dariya, kuma ya kwana gidansa lafiya?

Duk wanda ya tashi a gari irin Gidan Goga, ko wani ƙauye na ƙasar Maradun da Bakura, ya ga amsar da idonsa tun yana yaro. Da azumi ya kwana goma sai yara su fito tashe. A wasan Ka Yi Rawa yaro ne zai naɗa rawani, ya manna gemun auduga, ya riƙe allo; abokansa suna tuhumarsa da cewa ya taka rawa, yana musu, har daga bisani ya taka a gaban kowa. A wasan Jatau Mai Magani kuwa boka ake kwaikwaya, da tarkacensa da cika bakinsa. Yaron da zai yi wa malamin unguwa haka a watan Safar ya san abin da zai tarar a gida, amma a cikin azumi har sadaka ake ba shi. Haka kalankuwa, bikin samarin karkara bayan kaka, inda akan naɗa sarki da alƙali da 'yan doka na wasa, su yi mulkinsu na 'yan kwanaki. Wasan gauta ya fi su duka ƙarfin hali, domin a fada ake yinsa: matan gidan sarauta ne suke shigar sarki da hakimansa, su kwaikwayi tafiyarsu da maganarsu da yadda suke yanke hukunci, masu abin suna kallo. Ashe izinin da Bahaushe ya ba ɗan wasa na lokaci ne. In lokacin ya wuce, kowa ya koma matsayinsa, ba kuwa wata takarda da ta rage wadda za a kafa shaida da ita.

Don a gane nauyin wannan tsari, yana da kyau mu dubi ƙasar da ta bi wata hanya dabam, watau Faransa ta ƙarni na 16 da na 17. Can ma wasa a fili ya fara, a kasuwanni da ranakun bukukuwan addini. Har wajen 1620 akwai wani ɗan barkwanci mai suna Tabarin da yake tara jama'a a wani dandali na birnin Faris don abokinsa ya sayar musu da magunguna; Jatau ke nan da gaske, ba na tashe ba. Amma tun 1548 wata ƙungiya ta gina gidan wasa mai suna Hôtel de Bourgogne, kuma a shekarar nan babbar kotun birnin ta hana ta nuna wasannin addini, ta bar mata ikon cewa ba mai yin wasa a Faris sai da yardarta. Daga nan izini ya zama na wuri da na takarda. Wasa ya sami rufi da ƙofa da mai karɓar kuɗi, ya zama sana'ar da ake ci da ita duk shekara. Abin da ya zama sana'a kuwa dole hukuma ta sa masa ido. A 1637 Richelieu, wazirin sarki, ya sa majalisar masana harshe da ya kafa a 1635 ta zauna ta yi hukunci kan wasan Le Cid na Corneille, ko ya bi ƙa'ida ko bai bi ba.

Labarin Molière shi ya fi fito da abin fili. An haife shi a 1622, ya kafa ƙungiyarsa a 1643, bashi ya kai shi kurkuku a 1645, ya yi shekara goma sha uku yana yawon wasa a larduna kafin ya dawo Faris a 1658 ya sami shiga wurin Sarki Louis na 14. A watan Mayu na 1664 ya nuna Tartuffe a fadar Versailles. Jigon wasan bai yi nisa da na Ka Yi Rawa ba: mutum ne mai nuna tsoron Allah a fili, ya shige gidan wani attajiri, ya nemi matarsa, ya kusa raba shi da dukiyarsa. Manyan coci suka tashi haiƙan, aka hana nuna wasan. Ya gyara shi ya sake fitarwa a 1667, aka yi dare ɗaya aka sake hanawa, babban limamin cocin Faris ya ce zai fitar da duk wanda ya kalla ko ya karanta daga cikin jama'ar coci. Sai a Fabrairun 1669 sarki ya sake shi. Abin da yaran Zamfara suke yi kowace shekara a ƙofar gidan liman, shi ya ci wa babban marubucin Faransa shekara biyar, alhali tun 1665 ƙungiyarsa tana amsa sunan sarki tana cin albashinsa. Da ya mutu a 1673, bayan ya sauko daga dandali, sai da matarsa ta kai kuka wurin sarki kafin a yarda a rufe shi a maƙabarta, shi ma da dare. A nan kam ba mu da bakin yi musu dariya, in muka tuna matsayin da al'adarmu ta ajiye ɗan kama da maroƙi in an zo maganar aure. Inuwar fada kuma ba ta da tabbas: a 1697 sarkin nan ya kori 'yan wasan Italiya daga Faris saboda an ce wani wasansu habaici ne ga Madame de Maintenon, matar da ya aura a asirce.

To, sa'ad da wasan Hausa ya shiga makaranta da maɗaba'a, irin wannan ƙaura ya yi, daga izinin lokaci zuwa izinin hukuma, sai dai a cikin shekaru kaɗan, ba ƙarni biyu ba. Littafi ba shi da watan azumi. Abin da aka rubuta yana nan, da sunan mai shi a bango. Malam Aminu Kano ya rubuta wasanni tun yana ɗalibi a Kwalejin Kaduna, a ƙarshen shekarun 1930, yana sukar zaluncin masu riƙe da mulkin gargajiya da cutar da ake yi wa baƙauye a birni, amma ba su shiga jerin littattafan da aka buga wa makarantu ba. Wanda ya shiga shi ne Wasan Marafa, mai koyar da tsabta da kiwon lafiya. Ba ina rage darajar Tunau ba ne. Shi ne ɗan ƙasa na farko da aka buga wasansa da Hausa, kuma cuta tana kashe mutane a ƙauyukan Mafara ko an yi wasa ko ba a yi ba. Abin lura shi ne inda dariyar ta juya. A gauta da tashe na ƙasa ne yake kwaikwayon na sama. A rubutaccen wasan farko kuwa mai ilmin boko ne yake nuna wa baƙauye kuskurensa. Ko da Shu'aibu Maƙarfi ya fitar da Zamanin Nan Namu a 1959, bayan an ji wasanninsa a rediyo, bulalarsa a kan talakawan birni da lalacewar tarbiyya ta fi sauka, fada kuwa aka kewaye ta.