Sharaɗin Zama a Ƙauye wajen Ɗaukar Mataimakan Malamai a Indiya

A shekarar 1999 gwamnatin jihar Uttar Pradesh da ke arewacin Indiya ta ɓullo da shirin Shiksha Mitra, na ɗaukar mataimakan malamai a makarantun firamare na karkara. Babban sharaɗin shi ne mai neman aikin ya kasance mazaunin ƙauyen da makarantar take. Kwamitin ilimi na ƙauye ke zaɓen sa, a ba shi kwantiragin wata 11 da ɗan alawus.

Wannan sharaɗi yana da hujja mai ƙarfi. Wani bincike da Michael Kremer da abokan aikinsa suka wallafa a 2005 ya gano cewa idan aka kai ziyarar ba-zata makarantun firamare na gwamnati a Indiya, kashi 25 cikin 100 na malamai ba sa nan. Malamin da aka turo daga birni kullum hankalinsa na kan neman canjin wurin aiki, kuma da damina ta ɓata hanya an daina ganin ƙeyarsa. Mazaunin gari kuwa da ƙafa yake zuwa. Da harshen da yaro ya tashi da shi yake yi masa bayani. Idan yarinya ta kwana uku ba ta zo aji ba, ya san ƙofar gidansu, ya san ko ciwo ne ko an tura ta gona. Shi ma in ya yi fashi, iyayen yara za su tare shi a kasuwa.

Sai dai sashe na 16 na tsarin mulkin Indiya ya hana nuna bambanci a aikin gwamnati saboda wurin haihuwa ko wurin zama, in ba da dokar majalisar tarayya ba. A 2002 Kotun Ƙoli ta soke ƙarin makin da jihar Rajasthan ke bai wa 'yan gunduma da mazauna karkara wajen ɗaukar malaman firamare. Ga kuma batun mata, wanda a ganina ya fi ciwo: a al'adar yankin amarya ƙauyen mijinta take tarewa, don haka budurwar da aka ɗauka a garinsu aure kaɗai ya isa ya raba ta da makarantarta. Sannan inda masu takarda ba su da yawa, ba wuya zaɓen ya faɗa hannun dangin shugaban ƙauye.

Babban kuskuren da aka tafka shi ne barin zama a gari ya maye gurbin cancanta. Da gwamnatin Uttar Pradesh ta mayar da waɗannan mataimaka cikakkun malamai ba tare da sun ci jarrabawar cancantar koyarwa ba, Kotun Ƙoli ta rushe matakin a watan Yulin 2017, hukuncin da ya shafi mutum kimanin 178,000, da yawansu sun shafe fiye da shekara goma a aji.

Ra'ayina shi ne a riƙe sharaɗin, amma a fara tantance cancanta, sannan a fifita mazauni a cikin waɗanda suka tsallake. A kuma auna zaman da inda mutum yake kwana yau, ba inda aka haifi kakansa ba. Wannan gaɓar ta shafe mu a Najeriya, inda takardar shaidar ɗan asalin ƙaramar hukuma kan bai wa mazaunin birni gurbin ƙauye, ta hana wanda ya yi shekara ashirin a garin. Hukumomin ilimin bai-ɗaya na jihohi su nemi shaidar zama, su kuma horar da wanda suka ɗauka tun daga shekararsa ta farko.