BABI NA UKU: TARIHIN SHAYE-SHAYE DA DOKOKIN HANA SHI A ƘAUYUKAN AREWACIN KANO

3.0 Gabatarwa

A wannan babi za a bi diddigin yadda kayan maye suka riƙa shiga ƙauyukan da ke arewa da birnin Kano, da kuma dokokin da hukumomi suka yi ta kafawa domin hana su, tun daga zamanin mulkin Fulani har zuwa shekarar 2024. Yankin da ake nufi ya haɗa da ƙananan hukumomin Dawakin Tofa da Minjibir da Bichi da Dambatta da Makoɗa da Kunci da Tsanyawa. Abin da babin zai yi ƙoƙarin nunawa shi ne, akasarin dokokin an tsara su ne da nufin kama mai fataucin haramtaccen kaya a birni ko a bakin iyaka, alhali kuwa ƙwayar da ta addabi manomi ta shigo masa ne a matsayin maganin gajiya, ta hannun mai kemis da mai talla a kasuwar ƙauye.

3.1 Yanayin Yankin

Wannan yanki yana cikin sassan ƙasar Hausa da suka fi cunkoson manoma. Nazarin da Mortimore da Wilson suka wallafa a 1965, da kuma littafin Polly Hill na 1977 a kan ƙauyukan Kano, sun nuna cewa a karkarar da ke kewaye da birnin ba a barin gona ta huta, ana noma ta ne kowace shekara da taimakon taki. Gonaki ƙanana ne, kuma rabon gado yana ƙara tsattsaga su. Damina gajera ce, saboda haka shuka da noman farko da maimai duk sukan cunkushe cikin 'yan makonni. Wanda gonarsa ba ta isa ta ciyar da shi ba sai ya haɗa da ƙwadago a gonar wani, da rani kuma ya tafi cin rani birni. A taƙaice dai, jarin talakan wannan yanki shi ne ƙarfin jikinsa. Haka kuma manyan hanyoyi biyu sun ratsa yankin: wadda ta bi ta Dambatta da Kazaure zuwa Daura, da wadda ta bi ta Bichi da Tsanyawa zuwa Katsina, dukkansu kuwa suna kaiwa ga iyakar Jamhuriyar Nijar.

3.2 Kafin Samun Mulkin Kai

Bayan da masu jihadi suka karɓi Kano a 1807, shari'ar Musulunci bisa mazhabar Malikiyya ce ke aiki, wadda ta tanadi bulala 80 ga Musulmin da ya sha giya. Abin da jama'a suka saba da shi don wartsake gajiya shi ne goro da taba. Burkutu kuwa an fi saninta a wajen Maguzawa, shi kuma zaƙami an san shi da gusar da hankali. Alƙali ke yanke hukunci, amma mai unguwa da dagaci da hakimi su ne idon hukuma, kuma sun san kowa da gidan ubansa.

Da Turawan Ingila suka ci Kano a 1903 ba su rushe wannan tsari ba. Yarjejeniyar Brussels ta 1890 ta riga ta hana shigar da barasar Turawa yankunan da ba ta yaɗu ba, don haka aka sa Arewa cikin wuraren da aka hana sayar wa 'yan ƙasa ita. Sai dai zuwan jirgin ƙasa a 1911 da kafuwar Sabon Gari sun samar da wurin da giya ke samuwa a gefen birni. Dokar farko da ta shafi miyagun ƙwayoyi kai tsaye ita ce ta 1935, wadda ta yi magana a kan ofiyom da koken da tabar wiwi. An yi ta ne domin cika yarjejeniyoyin ƙasa da ƙasa, kuma kayan da ta lissafa ba su ne damuwar manomin Dambatta ba a wancan lokaci. Ita wiwi, masana da dama sun danganta yaɗuwarta a Nijeriya da sojojin da suka dawo daga Indiya da Bama bayan Yaƙin Duniya na Biyu a 1945.

3.3 Daga 1960 Zuwa 1983

Kundin Final Kod na Jihar Arewa ya fara aiki a 1960. Sashe na 403 na kundin ya tanadi ɗaurin da bai wuce wata guda ba, ko tara, ga Musulmin da ya sha barasa ba don magani ba. A nan ma giya ce a gaban masu doka. Bayan juyin mulkin 1966, gwamnatin Janar Aguiyi-Ironsi ta kafa dokar soja mai lamba 19, wadda ta tanadi kisa ko ɗaurin shekara 21 ga mai noman wiwi, da shekara 10 ga mai shan ta. An sassauta wannan doka a 1975, aka janye hukuncin kisan.

A daidai wannan lokaci ne ƙwayar amfetamin, wadda ake yi wa laƙabi da a-ji-garau, ta bazu a tsakanin 'yan ƙwadago da direbobi da masu dako a Arewa. Amfaninta a wajen mai sha a fili yake: tana hana barci, tana kashe yunwa, tana kuma sa mutum ya wuni yana noma bai ji gajiya ba. Illarta sai daga baya take bayyana, wato rama da saurin fushi da taɓin hankali. Gwamnatin Gowon ta kafa dokar taƙaita sayar da ita a 1968, amma dokar ta zo ne a lokacin da ake karɓe kotunan alƙalai da 'yan doka daga hannun En'e, bayan ƙirƙiro Jihar Kano a 1967. Gyaran ƙananan hukumomi na 1976 ya ƙara rage ikon hakimai da dagatai. Sakamakon haka, wanda ya san mai sayar da ƙwaya ba shi da ikon hukunta shi, wanda ke da ikon kuwa baƙo ne a garin. Bugu da ƙari, farin 1972 zuwa 1974 da cutar da ta lalata gyaɗa a 1975 sun tura samari da yawa birni neman abin yi, kuma abin da suka koyo a tasha da kasuwa da shi suke komawa gida da damina.

3.4 Zamanin Tsauraran Dokoki, 1984 Zuwa 1999

Dokar soja mai lamba 20 ta 1984, ta gwamnatin Janar Muhammadu Buhari, ta tanadi kisa ga masu fataucin koken da makamantansa. A ranar 10 ga Afrilu, 1985 aka harbe mutum uku a Legas a ƙarƙashinta. Gwamnatin Babangida ta mayar da hukuncin ɗaurin rai da rai a 1986, sannan ta kafa hukumar NDLEA da doka mai lamba 48 ta 1989, bayan yarjejeniyar Majalisar Ɗinkin Duniya ta Vienna ta 1988. Hankalin hukumar a shekarunta na farko ya fi karkata ne ga filayen jiragen sama da masu kai hodar ibilis Turai da Amurka, domin wannan ne ke zubar da mutuncin Nijeriya a waje.

A ƙauyuka kuwa wani abu dabam ke faruwa. Shirin tsuke bakin aljihu na 1986 ya sa magani ya yi tsada, asibitocin gwamnati suka rasa shi, mai kemis da mai tallar magani a faranti suka zama likitocin karkara. A ranar kasuwa, kamar ta Dambatta da ke ci ran Lahadi, ana iya sayen ƙwaya ɗaiɗai ba tare da takardar likita ba. A wannan zamani ne kuma ƙwayoyin sa barci da shaƙar sholisho da shan gadagi suka yawaita a tsakanin matasa. Hukumar NAFDAC, mai kula da ingancin magani, ba a kafa ta ba sai a 1993.

3.5 Daga 2000 Zuwa 2024

An ƙaddamar da shari'ar Musulunci a Jihar Kano a 2000, aka kuma kafa Hukumar Hisba da doka a 2003. Wannan ya maido da hukuncin bulala ga mashayin giya, amma kayan mayen da suka mamaye wannan zamani magunguna ne na halal a asalinsu, wato maganin tari mai kodin da kuma Tramol, wanda leburori ke sha don kashe ciwon jiki. Kodin ya shiga har cikin gidajen aure, saboda kwalbar maganin tari ba ta jawo zargi. Gwamnatin Tarayya ta hana shigo da shi da sarrafa shi a ranar 1 ga Mayu, 2018, kwana guda bayan wani rahoton bincike na BBC da ya nuna halin da matasan Kano ke ciki. Binciken da Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa da UNODC suka fitar a 2019 ya nuna cewa kashi 14.4 cikin 100 na 'yan Nijeriya masu shekara 15 zuwa 64 sun sha wani abin maye a shekarar da ta gabaci binciken, a Jihar Kano kuwa kashi 16 ne, wato sama da mutum miliyan guda. Ɗaya daga cikin kowane mashaya huɗu mace ce.

Ta fuskar magani kuwa, asibitin masu taɓin hankali na Dawanau yana cikin wannan yanki, amma iyaye da dama sun fi kai 'ya'yansu makarantun mari, har zuwa 2019 da aka rufe irin waɗannan wurare a Kaduna da Katsina da Kano saboda azabtarwa. Matakin da ya taɓa tushen cinikin shi ne na 2024, lokacin da aka tilasta wa dillalan magani na Sabon Gari komawa sabuwar kasuwar Dangwauro, inda hukumomi za su iya sa ido a kan abin da ke shiga da fita.

3.6 Kammalawa

Daga abin da ya gabata za a ga cewa tun daga 1935 doka tana bin bayan ƙwaya ne. Duk lokacin da aka hana wani abu, sai wani ya maye gurbinsa: a-ji-garau ta ba Tramol wuri, giya ta ba kodin. Tsananin hukunci, har da kisa a 1966 da 1984, bai taɓa dalilin da ya sa ɗan ƙwadago ke neman ƙwaya ba, wato ƙarancin gona da nauyin aiki da rashin asibiti a kusa. An daɗe ana barin jaki ana dukan taiki. Babi na gaba zai duba matsayin dagatai da limamai da masu kemis a yankin, da rawar da doka ta bar musu su taka.