David Lean: Editan da Ya Zama Darakta

David Lean daraktan fina-finai ne ɗan ƙasar Ingila, wanda ya shafe sama da shekara goma yana aikin edita kafin a ba shi damar ba da umarni. An haife shi ranar 25 ga Maris, 1908, a Croydon, kudu da Landan. Iyayensa mabiya ɗariƙar Kirista ta Quaker ne, masu tsantseni, har ba sa barinsa zuwa silima yana ƙarami.

A 1927 ya samu shiga kamfanin Gaumont, inda ya fara da kai wa ma'aikata shayi. Zuwa 1930 ya koma yanka da haɗa fina-finan labarai, waɗanda ake nunawa a silima kafin a sa babban fim. A wancan zamani babu kwamfuta. Edita da hannunsa yake riƙe zaren fim, ya yanke, ya manna, kuma aikin labarai ba ya jiran kowa. A nan Lean ya koyi sanin daidai inda hoto ya gama maganarsa. Sunansa ya fito bayan ya haɗa Pygmalion a 1938, sai 49th Parallel a 1941.

Damar ba da umarni ta zo a 1942, ana tsakiyar Yaƙin Duniya na Biyu. Marubuci Noël Coward zai yi In Which We Serve, labarin wani jirgin ruwan yaƙi, amma gwanintarsa a dandamalin wasan kwaikwayo take. Sai ya ɗauko Lean su ba da umarni tare, ya sakar masa yawancin aikin kyamara. Daga nan Brief Encounter ya biyo a 1945, sai fina-finai biyu daga littattafan Charles Dickens, Great Expectations a 1946 da Oliver Twist a 1948.

Duniya ta fi saninsa da manyan fina-finai masu tsawo. An ɗauki The Bridge on the River Kwai a Siri Lanka, ya fito a 1957, ya ci kyautar Oscar bakwai. Lawrence of Arabia na 1962, wanda aka ɗauka a Jodan da Maroko da Sifen, shi ma bakwai ya ci, kuma a cikinsa ne aka fi ganin hannun tsohon edita. Akwai wurin da Lawrence ya hure ashana a wani ofis a Alƙahira, nan take sai ga rana tana ɓullowa a kan hamada. Editar fim ɗin, Anne V. Coates, ita ta kawo shawarar a yanke kai tsaye maimakon a narkar da hoto cikin hoto, Lean kuma ya amince. Akwai kuma shigowar ɗan wasa Omar Sharif a kan raƙumi: ɗigo ne baƙi can nesa cikin kawalwalniya, yana matsowa a hankali, Lean ya bar mai kallo yana jira har zuciya ta fara bugawa. A ganina wannan wurin ya fi na ashanar wuya, don sai wanda almakashi ya daɗe a hannunsa ne zai iya haƙurin ƙin yankewa.

Doctor Zhivago na 1965 ya tara kuɗi masu yawa. Amma Ryan's Daughter na 1970 ya sha suka daga masu sharhi, sukar da ta yi masa ciwo ƙwarai, har ya yi shekara 14 bai fitar da wani fim ba. Da ya dawo da A Passage to India a 1984, shi ya rubuta, shi ya ba da umarni, ya kuma zauna ya haɗa fim ɗin da kansa yana da shekara 76. An sa sunansa cikin masu takarar Oscar a dukkan ayyukan uku. A shekarar ce Sarauniya Elizabeth ta ba shi sarautar Sir.

Ya rasu a Landan ranar 16 ga Afrilu, 1991, sakamakon ciwon daji na maƙogwaro, ana shirin fara ɗaukar Nostromo, labarin marubuci Joseph Conrad da Lean ya yi shekaru yana tanadi.