Rufin Asiri da Tononsa: Nazarin Raha da Zambo a Wasu Littattafan Hausa, 1934 zuwa 1979

Tsakure

Maƙalar ta dubi yadda wasu marubutan Hausa suka mayar da wahalhalun zaman yau da kullum abin dariya. An ɗora nazarin a kan Ruwan Bagaja da Magana Jari Ce na Abubakar Imam, sannan aka waiwayi wasannin kwaikwayon da aka buga daga 1959 zuwa 1979. Abin da aka gano shi ne, rahar waɗannan littattafai tana fitowa ne daga ƙoƙarin mutum na rufa wa kansa asiri a gaban jama'a, alhali yunwa ko rowa ko jahilci na yi masa tsirara. An kuma nuna cewa akwai waɗanda kibiyar zambon ta cika samu, akwai waɗanda ta kauce wa.

Gabatarwa

Hausa tana da kalmomi da dama a wannan fage, kuma kowace da inda ta dosa. Raha da barkwanci na sanyaya zuciya ne, ba lalle su ji wa kowa ciwo ba. Zambo yana kama suna ko kamanni ya muzanta. Habaici da gugar zana da shaguɓe suna jifa a kaikaice, mai tsarguwa ya tsargu. Gatse kuwa faɗar abu ne ana nufin kishiyarsa. Tun kafin boko al'umma ta ware wa waɗannan muhallinsu. Akwai wasan taubasai, da na kaka da jika, da na Fulani da Barebari, da na Katsinawa da Gobirawa, irin wasan da hukumar UNESCO ta sanya na ƙasar Nijar cikin jerin al'adun duniya a 2014. Akwai tashe a watan azumi, har da tashen gwauro da Nalako ke jagoranta a Kano. Akwai kuma 'yan kama, waɗanda ke ɗaukar salon wa'azi ko muryar fitaccen mawaƙi su karkatar da shi zuwa zancen tuwo da miya, sana'ar da C. G. B. Gidley ya yi nazari a kanta a 1967.

Manazarta irin su Ibrahim Yaro Yahaya a Hausa a Rubuce (1988) da Graham Furniss a littafinsa na 1996 sun bi tarihin rubutaccen adabin Hausa daki-daki. Sai dai a ɗakunan karatunmu an fi tambayar ɗalibi jigon littafi da darasin da ke cikinsa, a bar ban dariya a matsayin ɗan gishirin da aka barbaɗa. A ganina wannan tauye haƙƙin marubutan ne. Abin da ke sa al'umma dariya yana nuna abin da take tsoro, kuma Bahaushe ba ya tsoron talauci kamar yadda yake tsoron a gane yana cikinsa. Shi ya sa addu'ar da ta fi yawa a bakinsa ita ce Allah ya rufa asiri.

Malamin da ba shi da karatu

Ruwan Bagaja ya fito a 1934, bayan gasar da Hukumar Fassara ta Zariya ta shirya a 1933 ƙarƙashin Rupert East. Gasar ce ta haifar da Ganɗoki na Bello Kagara, da Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa, da Idon Matambayi na Muhammadu Gwarzo, tare da Jiki Magayi na John Tafida da East. A lokacin Imam, haifaffen Kagara a 1911, yana koyarwa a makarantar Midil ta Katsina, shekarunsa ashirin da 'yan kai. Cikin littattafan biyar, nasa ne aka gina kacokan a kan ban dariya.

A zahiri labarin tafiya ce ta neman magani. Sarki ya wulakanta Liman a fada saboda ya ce ruwan bagaja zai warkar da ɗan Sarkin, sai tauraron labarin, Alhaji Imam, ɗan gidan Liman, ya fita nemo ruwan don ya wanke wannan kunya. Tushen tafiyar ke nan: mutuncin gida da aka zubar a bainar jama'a. Amma mai karatu ba ruwan yake tunawa ba. Abin da ke zama a ransa shi ne yadda Alhaji ke shiga gari ba ko anini, ba masauki, ba wanda ya sani, ya kuma ƙirƙiro dabarar da zai ci abinci. Wannan hali ne da matafiyi da almajiri da ɗan cirani suka sani sarai.

Wurin da ya fi nuna haka shi ne haɗuwarsa ta farko da Malam Zurƙe ɗan Muhamman. Alhaji ya sauka a garin da babu masu ilimi, ya yi shigar malamai, yana ci yana sha. Sai ga Zurƙe, wanda ya yi karatu na gaske. Aka haɗa su gwaji a gaban jama'a. Alhaji ya zana wata lanƙwasa a ƙasa ya ce a karanta. Zurƙe ya yi ta kawo sunayen haruffan Larabci da suka yi kama da ita, Alhaji yana ƙaryata shi, daga ƙarshe ya bayyana cewa hoton jinjirin wata ne. Jama'a suka gaskata abin da idonsu ya sani, aka kori mai ilimi cikin wulakanci.

Dariyar da ke nan hawa uku ce. Ana yi wa Zurƙe dariya domin karatunsa ya rufe masa ido daga abin da yaro zai gane. Ana yi wa mutanen gari dariya domin rawani da carbi sun ishe su shaida. Ta ukun ita ce mai nauyi: mai karatu yana goyon bayan maƙaryaci, domin ya san in asirin Alhaji ya tonu, yunwa da duka ke jiransa. Imam bai tsaya ya yi wa kowa wa'azi a wurin ba, bai kuma hukunta Alhaji da wani bala'i daga sama ba. Zurƙe ne ke ramawa a gaba, Alhaji ya sake ramawa, har su gaji su zama abokai. Alaƙar tasu ta fi kama da wasan taubasai, inda ake cutar juna ba tare da zumunci ya yanke ba.

Imam da kansa ya bayyana cewa ya tasirantu da Maƙamatul Hariri wajen ƙera taurarin nan biyu. Al-Hariri mutumin Basra ne, ya rasu a 1122, kuma maƙamominsa hamsin suna bin Abu Zaid, mai fasahar harshe da ke yawo yana cin abinci da yaudara. Littafi ne da ake karantawa a zaurukan malaman ƙasar Hausa don ƙwarewa a lugga. Saboda haka malamin bogi da Imam ya zana daga cikin zaure ya fito, kuma malaman da suka karanta Ruwan Bagaja sun riga sun san irinsa.

Kaji biyu da wuƙa

A Magana Jari Ce, wanda juzu'insa na farko ya fito a 1937, rahar ta baro hanya ta shigo tsakar gida. Labarin Kalala da Kalalatu ya isa misali. Kalala mutum ne mai kwaɗayin abincin mutane, mai ƙyashin a ci nasa. Ranar da ya yi niyyar wanke kansa, ya tanadi kaji domin baƙo, sai matarsa Kalalatu ta kasa haƙuri da ƙamshi ta cinye su. Don ta tsira, ta raɗa wa baƙon cewa wuƙar da maigida ke wasawa dominsa ce, baƙo ya ranta a na kare. Ta juya ta ce wa mijin baƙo ya gudu da kaji. Kalala ya bi shi da wuƙa a hannu yana roƙon a bar masa ko ɗaya, shi kaza yake nufi, baƙo kuwa ya fahimci wani abu dabam ya ƙara mai.

Ƙashin bayan labarin ya yi daidai da wata tatsuniyar Jamus da 'yan'uwan Grimm suka tattara. An sha nuna wannan don a ce Imam ya yi aro, aka tsaya nan. Abin da ya canza ya fi abin da ya ara muhimmanci. A ta Jamus, mai cinye kajin kuku ce, 'yar aiki, wadda ta yi wa ubangidanta wayo. Imam ya mayar da ita matar gida, ya kuma ba mijin tarihin rowa da kwaɗayi. Da wannan canji labarin ya koma kan tambayar da kowane gidan Bahaushe ya sani: wa ake yanka wa kaza? Ana yanka ta ne don baƙo, don a fita kunyarsa, mai girki kuwa sau da yawa ƙamshi da romo ne rabonta. Kalalatu ta ci abin da mijinta bai taɓa saya dominta ba. Mai karatu yana dariyar gudun baƙo, amma a ƙarƙashin dariyar akwai mace mai kwaɗayin nama a gidan mijinta, da namiji wanda kyautarsa ta ganin ido ce. Asirin mutum biyu ne ke lilo a kan kaji biyu.

Labarin Sahoro da Sahorama, ma'aurata malalata, yana bin wannan hanya, ko da yake bai kai na Kalala zurfi ba.

Lokacin da dariya ta koma bulala

Wasannin kwaikwayon da suka biyo baya sun ɗauki wahalhalun birni kai tsaye. Shu'aibu Maƙarfi ya fitar da Zamanin Nan Namu a 1959 da Jatau na Kyallu a 1960. Mohammed Sada ya fitar da Uwar Gulma a 1968, Adamu Ɗangoggo da Dauda Kano suka fitar da Tabarmar Kunya a 1969. Wasu daga cikinsu a rediyon Kaduna aka fara jin su kafin su zama littafi, shi ya sa maganganun taurarinsu ke da ɗanɗanon hirar kasuwa da ta tsakar gida: baƙar magana, habaicin kishiyoyi, rantsuwar ɗan kasuwa. Sunayen ma kansu sun nuna inda aka dosa. Tabarmar kunya, in ji karin magana, da hauka akan naɗe ta.

Batutuwan su ne talla, da auren kwaɗayi, da shaye-shaye, da bashi, da zaman kotun alƙali. A Jatau na Kyallu, attajiri ya auri karuwa, ya wofintar da iyalinsa, dukiya ta ƙare. A Uwar Gulma, Halima ce ke shan wuya a hannun Hayatu, mijin da ya fi sanin hanyar mashaya da ta cefane. Ana dariya a waɗannan wasanni, musamman inda mai gida ke cika baki a waje alhali tukunya ba ta hau murhu ba. Tsarin dai shi ne na Imam, wato tazarar da ke tsakanin rigar mutum da cikinsa. Bambancin shi ne a nan tonon asirin hukunci ne. Wasa yakan fara da raha ya ƙare da nadama, tauraro ya tsiyace ko aure ya mutu, a bar mai karatu da gargaɗi.

Akwai dalili. Hukumomin da suka buga littattafan, daga Hukumar Talifi zuwa NORLA zuwa kamfanin NNPC na Zariya da aka kafa a 1966, makarantu ne babbar kasuwarsu. Littafin da za a sa a hannun ɗalibi dole ya nuna cewa mugun hali ba ya ƙarewa da kyau. Ban raina wannan manufa ba, kuma wasan da ya tsaya wa mace irin Halima a 1968 ya yi abin a yaba. Amma an yi asarar wani abu. Wahalar da Imam ya nuna a matsayin halin da kowa zai iya faɗawa, sai ta koma sakamakon lalacewar mutum ɗaya. Mai karatu ya daina ganin kansa a cikin tauraro, ya koma ɗan kallo a bakin kotu.

Inda kibiya ba ta kai ba

In aka jera waɗanda aka yi wa dariya a waɗannan shekaru arba'in da biyar, za a ga malamin tsibbu, da baƙauye, da marowaci, da malalaci, da kishiya, da karuwa, da mashayi. Dukkansu maƙwabta ne, mutanen da marubuci zai iya taɓawa ya kwana lafiya. A wancan zamanin kuwa, babbar wahalar talaka a karkara ita ce haraji da jangali, da dagaci da ɗan doka da ke zuwa karɓarsu. Mutane sun sayar da hatsi da awaki, wasu sun bar garuruwansu saboda su. Da wuya a sami wannan a matsayin abin zambo a littattafan da aka ambata. Sarkin da ya wulakanta Liman a Ruwan Bagaja ma ba a mayar da shi abin dariya ba. A ƙarshe shi ne ke karɓar magani ya saka da alheri. Malam Aminu Kano ya rubuta wasanni masu cizo tun yana ɗalibi a Kwalejin Kaduna, ciki har da Kai Wane Ne a Kasuwar Kano da Ba Za a Cuce Ka Ba, amma ba su shiga sahun littattafan da aka riƙa karantawa a aji ba.

Sai a 1979 gwamnatocin jam'iyyar PRP, ta Abubakar Rimi a Kano da ta Balarabe Musa a Kaduna, suka soke haraji da jangali. A shekarar ce kuma Umaru Ɗanjuma Katsina ya fitar da Kulɓa Na Ɓarna, inda kibiyar ta ɗan ɗaga sama ta sami Alhaji Ruwan Ido, mai kuɗin zamanin arzikin man fetur da ke hure wa 'yar makaranta kunne da mota da kyauta. Shi ma attajiri ne, ba mai mulki ba, kuma yarinyar ce ta fi shi biyan kuɗin ɓarnar.