Majalisar Sarakunan Indiya, Asalinta da Ƙarshenta

Tun bayan rasuwar Sarki Aurangzeb a shekarar 1707, sa'ad da daular Mughal ta soma sukurkucewa, hakiman da Delhi take naɗawa suka shiga cin gashin kansu, kowa ya mayar da lardin da aka ba shi amana gadon gidansa, kamar yadda Nizamul Mulki ya yi a Haidarabad a 1724. A cikin wannan hali na rarrabuwa Kamfanin Ingilishi ya riske su, ya bi su ɗai-ɗai da yarjejeniya: sarki ya ciyar da rundunar Kamfani, ya karɓi Razdan a fadarsa, sa'an nan ya ɗauki alkawarin ba zai yi wata mu'amala da sarki ɗan'uwansa ba sai ta hannun Turawa. Sunan Razdan ba baƙo ba ne gare mu, domin Lugga da ya kawo mana irin wannan tsari a Madras aka haife shi.

Sharaɗin nan na ƙarshe shi ne ya raba sarakunan fiye da shekara ɗari, har ya zamana lokacin da Gwamna Dalhousie yake haɗiye ƙasar duk sarkin da ya rasu bai bar ɗa na cikinsa ba, irin su Satara da Jhansi da Nagpur, babu wani zaure da za su taru su yi kuka da murya ɗaya. Sai da fitinar tawaye ga Turawa ta tashi a 1857, akasarin sarakuna suka ƙi shiga cikinta, kana Turawa suka gane fa'idarsu, Sarauniya Victoria ta yi shela a 1858 cewa an daina ƙwace ƙasashensu. Amma duk da haka ba a kafa musu majalisar shawara a junansu ba sai bayan Yaƙin Duniya na Farko, wanda suka ba da dukiya da mayaƙa a cikinsa, har Maharaja Ganga Singh na Bikaner ya sa hannu a sulhun Versailles a 1919.

Ranar 8 ga Fabrairu 1921 aka buɗe Majalisar Sarakuna a tsohuwar fadar Mughal da ke Delhi, da kujeru 120: sarakuna 108 kowa da kujerarsa, sauran 12 kuwa wakilan ƙananan ƙasashe 127 ne, alhali jimlar masarautun ta haura 500. Ganga Singh ya zama shugabanta na farko, Wakilin Sarkin Ingila yana jagorantar zamanta sau ɗaya a shekara. Shawara ce iyakarta, ba ta da ikon zartar da hukunci.

Lalle wannan rauni ne babba, amma a ganina abin da ya fi cutar da ita daga cikin gida ya fito. Turawa sun riga sun auna martabar kowane sarki da yawan igwar da ake harba masa, daga 21 zuwa ƙasa, sarakuna kuma suka riƙe wannan ma'auni tamkar farilla, ta yadda Nizam na Haidarabad, wanda ya fi kowa ƙasa mai arziki da yawan talakawa, ya ga ƙasƙanci ne ya zauna a jere da wanda ake harba wa 11, ya ƙaurace wa majalisar, na Mysore ma haka. Abin baƙin ciki, sun sha muhawara a kan haƙƙinsu da darajarsu, ba kasafai suke tada zancen haƙƙin talakawan da ke ƙarƙashinsu ba. A taron Landan na 1930 suka amince da tarayya da sauran Indiya, daga baya suka yi ta jan ƙafa har yaƙin 1939 ya binne maganar.

Ranar 25 ga Yuli 1947, ana gab da ba da 'yancin kai, Wakilin Sarkin Ingila Mountbatten ya tsaya gabansu ya shawarce su kowa ya miƙa sha'anin tsaro da sadarwa da hulɗar waje ga Indiya ko Pakistan, kuma kafin tsakiyar Agusta akasarinsu sun sa hannu, ɗai-ɗai, kowa da takardarsa. Zauren da suka koma zama a ciki daga baya, Kotun Ƙoli ta Indiya ta yi shari'a a cikinsa har 1958.