Kehinde Lijadu: Mawaƙiyar da ta yi suna tare da abokiyar tagwaicinta

Kehinde Lijadu mawaƙiya ce 'yar Najeriya. An haife ta a garin Jos a shekarar 1948, ta rasu a birnin New York na ƙasar Amurka ranar 9 ga Nuwamba, 2019, tana da shekara 71. Ita da abokiyar tagwaicinta Taiwo ne suka yi tashe da sunan Lijadu Sisters a shekarun 1970, lokacin da maza suka kankane fagen kiɗan zamani a Legas. Waƙoƙinsu sun zaga duniya, har mawaƙan bayansu suka riƙa ɗiba daga ciki, amma masu waƙar sun shafe shekaru suna kukan cewa ba su ci moriyar guminsu ba.

Haihuwa da tasowa

Jos ɗin da aka haife su gari ne da haƙar kuza ta tara Hausawa da Yarbawa da Ibo wuri guda, kamar yadda cinikin goro ya taɓa tara baƙi a Salaga. Iyayensu Yarbawa ne. Tun suna ƙanana aka koma da su Ibadan, a can suka girma. Suna da dangantaka ta jini da Fela Anikulapo Kuti.

Sunayen nasu na tagwaye ne, tamkar Hassana da Husaina a wurin Bahaushe. A al'adar Yarbawa, wanda ya fara faɗowa shi ake kira Taiwo, na biyu kuma Kehinde. Sai dai na biyun ake ɗauka a matsayin babba, don ana cewa shi ya aiki ɗan uwansa ya fara leƙo masa duniya. A wannan lissafi, Kehinde ce yaya.

Tun suna 'yan mata suke waƙa tare, suna sauraron faya-fayan Miriam Makeba ta Afirka ta Kudu, da Aretha Franklin ta Amurka, da Victor Olaiya na gida Najeriya. Sun fara ne da yi wa wasu mawaƙa amshi a ɗakunan ɗaukar sauti. A ƙarshen shekarun 1960 suka fitar da "Iya Mi Jowo", waƙar Yarbanci ce ta roƙon afuwar uwa.

Yadda suke rera waƙa

Wanda ya saba da waƙar Hausa ya san tsarin jagora da 'yan amshi. Marigayiya Barmani Choge takan ja baiti, matan da ke kiɗan ƙwarya su karɓa mata. Tagwayen Lijadu ba haka suke yi ba, domin babu jagora a cikinsu. Sukan fara baiti tare a kan murya ɗaya, har mai sauraro ya zaci mutum ɗaya ke waƙar. Can sai su rabu, ɗaya ta hau sama, ɗaya ta tsaya ƙasa, muryoyin na tafiya kafaɗa da kafaɗa, kafin su sake haɗuwa.

Irin wannan dacewar murya an fi samun ta tsakanin 'yan uwan da suka tashi gida ɗaya, saboda lafazinsu da yadda suke jan numfashi sun zo ɗaya. A Ghana ma akwai misalin tagwayen da ake kira Tagoe Sisters, Lydia da Elizabeth, masu waƙoƙin coci. Shi ya sa yake da wuya a ware muryar Kehinde daga ta Taiwo a cikin faifai, kuma tarihin ɗaya ba ya faɗuwa sai da na ɗayar.

Suna waƙa da Yarbanci da Turanci. Kiɗan da ke rakiyarsu kuwa gauraye ne: kalangun Yarbawa, da salon afrobeat na Fela, da rege na Jamaika, da jita mai amo irin ta Turawa.

Shekarun tashe

A farkon shekarun 1970 suka haɗu da Ginger Baker, makaɗin ganga ɗan Ingila wanda ya yi suna a ƙungiyar Cream kafin ya zo ya zauna a Legas. Sun shiga ƙungiyarsa mai suna Salt, kuma da ita suka yi wasa a birnin Munich na Jamus lokacin gasar Olamfik ta 1972.

Ayyukan da aka fi sanin su da su guda huɗu ne, duk a ƙarƙashin Afrodisia, reshen kamfanin Decca a Yammacin Afirka. Sun fitar da Danger a 1976, Mother Africa a 1977, Sunshine a 1978, sai Horizon Unlimited a 1979. Faifai huɗu ke nan cikin shekara huɗu. A na farko-farkon sun yi aiki da Biddy Wright, makaɗin da ya ƙware a kayan kiɗa iri-iri, shi ya tsara musu sautin.

Zamanin kuɗin man fetur ne da mulkin soja. A shekarar da Danger ya fito aka kashe Janar Murtala Muhammed, a shekara mai biye kuma sojoji suka ƙona gidan Fela a Legas. A cikin wannan yanayi tagwayen suka rera "Cashing In", inda suka caccaki manyan da ke azurta kansu talaka na kallo. "Life's Gone Down Low" ta yi magana ne a kan taɓarɓarewar rayuwa, "Amebo" kuma a kan masu gulma. Ba kasafai ake jin mata na faɗin irin waɗannan maganganu a faifai ba a lokacin.

A fim ɗin Konkombe, wanda Baturen Ingila Jeremy Marre ya shirya a kan kiɗan Najeriya a 1979, an nuna su suna aiki a ɗakin ɗaukar sauti. A ciki sun koka da yadda kamfanonin faifai ke cin gumin mawaƙa, da yadda ake raina mace a wannan sana'a.

Zaman Amurka da jinya

A 1984 kamfanin Shanachie na Amurka ya tattaro wasu waƙoƙinsu a faifai mai suna Double Trouble. A cikin shekarun 1980 ɗin suka ƙaura zuwa New York, inda suka riƙa yin wasanni, har da waɗanda makaɗan King Sunny Ade suka yi musu rakiya.

A 1996 Kehinde ta faɗi a benen gidan da suke haya a unguwar Brooklyn, ta ji mummunan rauni a ƙashin bayanta. Jinyar ta ɗauki shekaru. Taiwo ba ta nemi ci gaba da waƙa ita kaɗai ba, ta zauna ta yi jinyar 'yar uwarta. Suka janye daga idon jama'a, suka duƙufa ga addinin gargajiya na Yarbawa da sanin magungunan itatuwa. Daga baya suka koma unguwar Harlem da zama.

Dawowa da rasuwa

Masu neman tsofaffin faya-fayan Afirka ne suka sake tono sunansu. Tsakanin 2011 da 2012 kamfanin Knitting Factory, wanda ya sake buga ayyukan Fela, ya sake fitar da faya-fayansu huɗu na Afrodisia. A 2014 suka koma kan dandamali tare da ƙungiyar Atomic Bomb, wadda aka haɗa don rera waƙoƙin William Onyeabor, suka yi wasa a Landan da wasu biranen Amurka. A lokacin sun haura shekara 65.

Bayan shekara biyar Kehinde ta rasu. Taiwo ce ta rage, wadda yanzu ake kira Yeye Taiwo Lijadu.

Batun haƙƙin mallaka

Mawaƙan zamani kan yanko wani ɓangare na tsohuwar waƙa su dasa a sabuwa. Ƙa'ida ita ce a nemi izini, a ambaci mai waƙar, a biya shi. Mawaƙin Amurka Nas ya yi amfani da "Life's Gone Down Low" a wata waƙarsa, kuma tagwayen sun koka cewa ba a ambace su ba. A 2021 Ayra Starr, mawaƙiyar Najeriya da aka haifa a Kwatano ta Jamhuriyar Benin, ta gina waƙarta "Sare" a kan "Orere Elejigbo", wadda ke cikin Horizon Unlimited. Matasa da yawa sun san wannan amshi ba tare da sanin daga bakin wa ya fara fitowa ba.

A 2024 kamfanin Numero Group na birnin Chicago ya ƙulla yarjejeniya da Taiwo, ya sake fitar da Horizon Unlimited, shekara 45 bayan fitowarsa ta farko. Kehinde ba ta ga wannan ba.

Wannan ɓangare na tarihinta ya shafi mawaƙan Hausa na zango kai tsaye. A Yendi ko Bawku, matashi kan biya kuɗin ɗaukar waƙarsa, ta yaɗu a wayoyi da wuraren biki, ba tare da wata takarda da ta nuna wane ne mai ita ba. Ranar da waƙar ta yi daraja, wanda ke riƙe da takarda shi ke da magana. A Ghana akwai hukumar GHAMRO mai karɓar wa mawaƙa kuɗin haƙƙinsu, a Nijar kuma akwai BNDA, amma sai wanda ya yi rajistar aikinsa suke iya tsaya wa.