3.2 Antigoni da Rikicin Binne Gawa a Tsohuwar Girka

Wannan sashe zai dubi labarin Antigoni da dangantakarsa da dokokin birnin Atina. A tatsuniyoyin Girkawa, Antigoni ɗiya ce ga Odifus, Sarkin Tebis, wanda ya auri mahaifiyarsa Jokasta cikin rashin sani. Labarinta ya fi shahara ta hanyar wasan kwaikwayon da Sofokilis ya rubuta wajen shekara ta 441 kafin Miladiyya.

Kamar yadda wasan ya nuna, 'yan'uwanta maza biyu, wato Itiyokilis da Folinisis, sun kashe juna wajen neman sarauta. Kawunsu Kiriyon, da ya gaji mulki, ya binne Itiyokilis cikin girmamawa, amma ya hana a binne Folinisis saboda ya jawo rundunar Argos ta yaƙi garinsu. Antigoni ta saɓa umurnin, ta barbaɗa wa gawar ƙasa, tana mai kafa hujja da dokar alloli. Aka rufe ta da rai a cikin kogo, inda ta rataye kanta. Saurayinta Haimon, ɗan Kiriyon, ya kashe kansa, mahaifiyarsa ma ta bi shi.

Abin lura a nan shi ne, dokar Atina ta hana binne maci amana a cikin ƙasar Atika, amma akan bar dangi su binne shi a wajen iyaka. Ke nan laifin Kiriyon shi ne wuce gona da iri, domin ya bar gawa a fili karnuka da tsuntsaye su ci. Bugu da ƙari, wanke gawa da kukan makoki aikin matan gida ne, duk da cewa dokokin Solon na farkon ƙarni na 6 kafin Miladiyya sun taƙaita kukan mata a jana'iza. Haka kuma, a shekara ta 406 kafin Miladiyya Atinawa sun kashe kwamandojinsu 6 bayan yaƙin Arginusai, saboda ba su tsamo mayaƙansu daga teku ba, rayayyu da matattu.

Daga bayanan da suka gabata, ana iya cewa Antigoni ba taurin kai kawai ta yi ba. Haƙƙin da al'ada ta ɗora wa mace ta sauke, a lokacin da hukuma take neman ƙwace shi daga hannun dangi.